Daga ƙaramin samfur zuwa babban gini: yadda ake gane awon gaskiya

Darasinmu na yau na lissafi ne, kuma sai da aikin hannu. Kowa ya jawo littafin rubutunsa da alƙalami kusa. Wanda ke da katakon awo irin na ƴan lakkol, wanda suke ce ma regil, ya ɗauko shi. Wanda ba shi da shi ya aro metir na tela. A nemo kuma ɗan zare.

Ga matsalar da za mu warware. Sau da yawa, in za a gina ma gari aji, ko ɗakin shan magani, ko mangaza ta bankin cimaka, ma'aikata kan zo da ɗan ƙaramin gini na kwali ko na katako, su aza shi bisa tebur. Wani lokaci takarda ce mai zane suke shimfiɗawa. Sai su ce: "Ga abin da za a gina maku. Kun yarda?" Jama'a su duba, su ce ya yi kyau, a sa hannu. Sai an gama gini kana a ga ƙofa ta yi ƙunci, ko ɗaki ya yi kaɗan. Alhali kuwa awon duka yana nan cikin ɗan ginin da anka nuna tun farko. Wanda ya iya karanta shi ya san girman ginin tun ba a aza tubali ko guda ba. Tun ran gini, tun ran zane.

MI NE NE SAMFUR?

Kun san motar da yara ke yi da karan dawa ko da waya. Tana kama da mota, amma yaro bai auna kome ba. In ya ga dama ya yi mata ƙafafu manya, in ya ga dama ya ja mata hanci. Wagga abin wasa ce, ba a gane awon mota da ita.

Samfur daban yake. Ma'aikata na ce mashi maket. Mai yin samfur yakan zaɓi lamba guda, ya rage kowane gefe da ita. In ya rage tsawo sau 50, to faɗi ma sau 50, tsayi sau 50, ƙofa da taga duka sau 50. Ba a rage wani gefe fiye da wani. Wagga lamba za mu kira ta lambar ragi. Da faransanci ana ce mata eshel. Zanen gida na magina da taswirar ƙasa su ma haka ake yin su, da lambar ragi guda.

Kada abin ya ba ku tsoro, don kullum kuna yin irin wanga lissafi a kasuwa. Mai shago ya ce maku dala 30, amma a takarda ya rubuta 150. Don mi? Don kowace dala 1 tamma 5 ce. Dala 2 tamma 10, dala 30 tamma 150, dala 200 jikka guda. Ko kuɗin da yawa ko kaɗan, lambar ba ta sakewa: 1 a baki, 5 a takarda. To haka samfur yake: 1 a bisa tebur, 50 ko 100 a ƙasa.

YADDA AKE KARANTA LAMBAR

A gindin samfur, ko a kusurwar takarda, za ku ga an rubuta lamba haka: 1/50, ko 1/100, ko 1:100. 1/100 da 1:100 ma'anarsu guda. Ku karanta 1/50 haka: "ɗaya a samfur, hamsin a gaske".

Ɗayan mi? Kowane irin ma'auni kunka ɗauka. In tsawon samfur ya yi tsinken ashana 4, ginin gaske zai yi tsinken ashana 200, don 4 sau 50 shi ne 200. In kun auna da kamu, amsa ta fito da kamu. Amma kamun wani ya fi na wani, gabar wani ta fi ta wani. Shi ya sa za mu yi aiki da metir, wanda ke daidai ga kowa. Ku rubuta wanga a kan shafi:

santimetir 1 = milimetir 10
metir 1 = santimetir 100
kilometir 1 = metir 1000

Yanzu ku duba:

1/100: santimetir 1 a samfur, santimetir 100 a gaske, wato metir 1.
1/50: santimetir 1 a samfur, rabin metir a gaske. Santimetir 2 ke ba da metir 1.
1/20: santimetir 5 ke ba da metir 1.
1/1000: santimetir 1 ke ba da metir 10.

Ku lura, in lambar ta yi girma, samfur ya yi ƙanƙane. Samfur na 1/100 rabin na 1/50 ne a tsawo, don an fi rage shi.

Ƙa'idar kuwa taƙi uku ce. Na farko, a auna samfur da santimetir. Na biyu, a riɓanya da lambar ragi. Na uku, a mai da santimetir metir, wato a raba da 100.

MISALI NA FARKO: MANGAZAR BANKIN CIMAKA

Mu ce an kawo ma kwamitin garinku samfurin mangaza, an rubuta 1/50 a gindinsa. Magatakardan kwamiti ya ɗauki regil ya auna. Ku rubuta tare da ni.

Tsawo: santimetir 16. To 16 × 50 = 800. Santimetir 800 metir 8 ke nan.
Faɗi: santimetir 10. To 10 × 50 = 500, metir 5.
Tsayin bango: santimetir 7. To 7 × 50 = 350, metir 3 da rabi.
Tsayin ƙofa: santimetir 4. To 4 × 50 = 200, metir 2.
Faɗin ƙofa: santimetir 2. To 2 × 50 = 100, metir 1.

In riɓanyawa da 50 ta yi maku wuya, ga hanya mai sauƙi. Tun da santimetir 2 ke ba da metir 1, sai ku raba awon samfur biyu. Rabin 16 shi ne 8, rabin 10 shi ne 5, rabin 7 shi ne 3 da rabi. Amsa ta fito da metir kai tsaye.

Kada ku tsaya ga takarda. Ku fita fili da igiya da turaku 4, ku kafa metir 8 da metir 5 a ƙasa. Kowa ya shiga ciki ya tsaya, ya duba da idonsa. Gani ya kori ji.

Sai ku koma ga ƙofa. Faɗinta metir 1. Mutum ɗauke da buhu zai wuce. Amma in kuna so amalanke ya shiga da kaya har ciki, ku je ku auna amalanken garinku, daga ƙafa zuwa ƙafa. In ya kai metir 1 da rabi, ƙofar nan ba ta yi ba. Ku ce ma ma'aikata kuna son ƙofa mai metir 2, wato santimetir 4 a samfur. A ranar, gyaran bai wuce a sa wuƙa a yanke kwali ba. In an bari sai an gama gini, to sai fashin bango, da sabon siminti, da sabuwar ƙofar ƙarfe, da kuɗin magini.

IN BA A RUBUTA LAMBAR BA FA?

Wani samfur ba a rubuta mashi kome. Duk da haka ana iya gano lambarsa, in kun san awon gaske na abu guda a cikinsa.

Mu koma ga mangazarmu, mu ce an manta ba a rubuta 1/50 ba. Ku tambayi magini tsayin ƙofa, ya ce metir 2. Ku mai da shi santimetir: 200. A samfur ƙofa santimetir 4 ce. Sau nawa 4 ke shiga cikin 200? Sau 50. Lambar ragi ta fito: 1/50.

A nan ne mutane da yawa ke tuntuɓe. Sukan ɗauki 4 da 2 su haɗa, su ce an rage sau 2. A'a. 4 ɗin santimetir ne, 2 ɗin metir ne. Kamar mutum ne ya haɗa dala da jikka a lissafi guda bai juya ba. Kullum a fara mai da su ma'auni guda, kana a raba.

Akwai kuma wata hanya wadda ba sai an nemo lambar ba. Ku ja layi tsakiyar shafi. Hagu ku rubuta "samfur", dama ku rubuta "gaske".

ƙofa: santimetir 4, metir 2
bango: santimetir 16, metir nawa?

16 ya ninka 4 sau 4. To amsa ma sai ta ninka 2 sau 4, ta zama metir 8. Abin da anka yi ma hagu shi ake yi ma dama. Ƴan lakkol na kiran wanga ƙa'idar uku, don abu uku anka sani, ana neman na huɗu.

Ga misali daga ƙasarmu. Hasumiyar babban masallacin Agadas, wadda anka gina da ƙasa a 1515, anka sake gyara ta a 1844, tsayinta metir 27 ne, wato santimetir 2700. In an nuna maku samfurinta mai santimetir 27, lambar ragi 1/100 ce. In mai santimetir 54 ne, 2700 a raba da 54 ya ba da 50, wato 1/50. Gadar Kennedy ta Yamai kuwa, wadda anka buɗe a 1970, tsawonta metir 710 ne. In an rage ta sau 1000 sai ta zama santimetir 71, ta zauna bisa tebur guda. Sai dai a kula: abin da mai sana'a ya sassaƙa don ado ba lalle ne ya bi lamba guda ba. Kafin ku yarda da samfur, ku gwada gefe biyu. In tsayi ya ba da 50, faɗi ya ba da 30, to abin ado ne, ba na awo ba.

ƘARAMIN KUSKURE, BABBAR ƁARNA

Akwai ƙananan motoci na ƙarfe da ake sayarwa, waɗanda in kun juya su za ku ga 1/43 a cikinsu. Mu ɗauki Peugeot 404, motar da dattawa sunka sani sarai. Wani ya auna ƴar ƙaramar da gaggawa ya ce santimetir 10. To 10 × 43 = 430, metir 4 da santimetir 30. Wani ya natsu ya ga santimetir 10 ne da milimetir 3. Milimetir 3 sau 43 ya ba da milimetir 129, kusan santimetir 13. Amsarsa metir 4 da santimetir 43, kuma ita ce ta yi kusa da tsawon motar na gaske.

Kun gani, lambar ragi ba awo kaɗai take riɓanyawa ba, har da kuskure. Saboda haka ku fara awo daga sifiri, inda anka rubuta 0 a regil, ba daga bakin katako ba, ba kuma daga 1 ba. Ku auna sau biyu kafin ku rubuta.

TASWIRA: SAMFURIN ƘASA

Taswira samfurin ƙasa ce da anka shimfiɗe a takarda. Lambobinta manya ne, amma ƙa'idar ba ta sake ba. Da yawa daga taswirorin ƙasarmu da ma'aikatan gona, da na dabbobi, da masu gina rijiyoyi ke aiki da su, lambarsu 1/200 000 ce. Santimetir 1 a takarda, santimetir 200 000 a ƙasa. Kilometir 1 santimetir 100 000 ne, mai sifiri 5. To ku shafe sifiri 5 daga lambar, abin da ya rage shi ne kilometir. Daga 200 000 saura 2. Ke nan santimetir 1 kilometir 2 ne. In tsakanin garinku da kasuwa santimetir 6 ne a taswira, to kilometir 12 ne. A irin wagga taswira, kuskuren milimetir 1 metir 200 ne a ƙasa.

Taswirar hanyoyi ta Michelin, wadda ta ƙunshi arewa da yammacin Afirka, lambarta 1/4 000 000. A shafe sifiri 5, saura 40. Santimetir 1 kilometir 40 ne. In kun aza regil daga Maraɗi zuwa Damagaram za ku samu santimetir 5 da ɗan ɗori, wato kilometir 200 da ƴan kai. Direba zai ce maku hanyar ta wuce kilometir 230. Ba wanda ya yi ƙarya. Regil tafiyar tsuntsu yake aunawa, mota kuwa kwana-kwana take bi. Don awon hanya, ku kwantar da zare bisa layin hanya, ya bi duk inda ta karkata, kana ku miƙe zaren bisa regil.

FILI DA GONA: A NAN A BUƊE IDO

Yanzu mun zo inda kuɗi ke ɓacewa. Ku shimfiɗa tabarma guda. In kuna son wuri mai ninkin tsawonta biyu da ninkin faɗinta biyu, tabarma nawa za ta rufe shi? Ba 2 ba ce, 4 ce: biyu a tsaye, biyu a kwance. In ninki uku ne, tabarma 9. Lambar ragi ta gefe guda ce. Faɗin wuri kuwa gefe biyu gare shi, don haka sau biyu lambar ke aiki a kansa. Rumbu ma, in an ninka faɗinsa da tsayinsa duka sau 2, hatsin da zai ci sau 8 ne.

Saboda haka ga ƙa'ida: a fara mai da kowane gefe awonsa na gaske, daga baya a riɓanya su.

Mu ce za ku sayi filin gida a birni. An nuna maku takardar rabon filaye mai lamba 1/1000, an sa yatsa an ce ga naku. Kun auna: santimetir 2 da santimetir 3. Santimetir 1 metir 10 ne. To gefe guda metir 20, gefe guda metir 30. Sai 20 × 30 = 600. Filin metir kare 600 ne. Metir kare shi ne wuri mai metir 1 a kowane gefe.

In a takarda kun samu santimetir 2 da santimetir 2, filin metir 20 da metir 20 ne, metir kare 400. Ga ido, bambancin bai wuce faɗin farce ba. A ƙasa kuwa metir kare 200 ne, wurin da zai ɗauki mangaza irin tamu har 5, tun da ita 8 × 5 ce, metir kare 40. In mai sayarwa ya ce 600, takarda ta ce 400, kada ku biya sai an je wurin da igiyar awo, an auna tsakanin duwatsun iyaka a gaban shaidu.

Ga wani gargaɗi kuma. In an ɗauki hoton takarda da salula, ko an juye ta a injin hoto an rage ta, lambar da anka rubuta ta daina aiki. Takardar ta ƙanƙance, amma 1/1000 na nan a rubuce kamar da. Ku nemi takarda ta asali. In babu, ku duba ko akwai ɗan layi mai gaɓa-gaɓa a ƙasan zanen, wanda anka rubuta ma 0, 10, 20 metir. Shi wanga layi tare da zanen yake raguwa, don haka ba ya ruɗi. Ku auna gaɓa guda da tsinke, ku ƙirga sau nawa take shiga cikin gefen filin.

KU MA KUNA IYA YIN NAKU

Hanyar tana komawa baya. Daga samfur zuwa gaske, riɓanyawa ake yi. Daga gaske zuwa samfur, rabawa ake yi. In ɗakinku metir 4 ne da metir 3, a 1/100 sai ku zana santimetir 4 da santimetir 3. In ya yi maku ƙanƙane, ku ɗauki 1/50, ku zana 8 da 6. Kada ku dogara ga ƴan gidajen da ke cikin littafin rubutu, don ba duka ne ke cika santimetir ba. Ku yi aiki da regil. Kuma kome kunka zana, ku rubuta lambar ragi a ƙasansa. Mai gida da ya kai ma magini irin wanga zane, sun rage gardama tun ba a kwaɓa ƙasa ba.

AIKIN GIDA

Ku yi waɗannan a makaranta tare da malaminku, ko a gida ku biyu-biyu.

1. Samfurin aji mai lamba 1/50. Tsawo santimetir 18, faɗi santimetir 14. Nawa ne tsawo da faɗin ajin da metir?

2. An sassaƙa raƙumin dawa irin na Kure, tsayinsa santimetir 25. Na gaske da anka kwaikwaya metir 5 ne. Mi ce ce lambar ragi?

3. A taswira mai lamba 1/200 000, tsakanin gari da rijiyar makiyaya santimetir 7 ne. Kilometir nawa ke nan?

4. A takarda mai lamba 1/500, fili ya yi santimetir 4 da santimetir 5. Nawa ne kowane gefe da metir? Filin metir kare nawa ne?

5. Ku auna ɗakin da kuke kwana, ku zana shi a 1/50, har da ƙofa.

Kafin mu rabu, mu maimaita. A nemi lambar ragi. A auna daga sifiri. A riɓanya, kana a mai da santimetir metir. Kada a haɗa metir da santimetir a lissafi guda. In faɗin wuri ake nema, a juya kowane gefe tukuna. Wanda bai gane ba a karo na farko ya sake karanta misalin mangaza a hankali, da regil a hannu. Sannu ba ta hana zuwa.

A darasi mai zuwa za mu ba da amsoshi, kuma za mu ga yadda ake gane tsayin itace ko bango da inuwarsa, ba tare da an hau ba. Kowa ya zo da sanda miƙaƙƙiya mai metir 1.

Allah ya kai mu lafiya. Mu kwana nan.